Fitilar Jiya da Bakin Asta

Duk wanda ya taɓa sayen bandar kifi a Gashuwa ya san Asta, ko da bai riƙe sunanta ba. Ita ce doguwar Bafillatanar nan mai zama a bakin hanyar kogi, wadda idan ka taya mata kifi tayin wulakanci ba ta cewa albarka, sai ta dube ka tun daga hula har takalmi ta tambaye ka ko mutanen gidanku lafiya. Mutane suna cewa bakinta ya cika kaifi. Ba haka ba ne. Bakinta daidai yake, kunnuwansu ne ba su saba ba.

A ruga aka haife ta, wani wuri tsakanin Machina da Kumagannam. Ita kanta ba ta san takamaiman wurin ba, don kafin ranar suna an tashi. Ubanta Hamajoɗa mai shanu ne, irin mutanen nan da hirarsu da saniya ta fi hirarsu da mutum tsawo. Da damina suna can arewa kan yashi, da rani su gangaro fadamar Nguru inda ruwa ke janyewa ya bar ɗanyar ciyawa. Boko ba ta san ƙofarsa ba, allo ma iyakarta abin da za ta yi salla da shi. Abin da ta iya shi ne tatsa, da kaɗa mai, da ɗora ƙwarya kan ƙwarya ta yi tafiyar yini, sai kuma mayar da magana. Abu ɗaya take tsoro a duniya, ruwan da ya wuce gwiwa.

Wata shekara ruwa ya yi jinkirin janyewa, dole sai an ƙetare wani lungu a bayan tafkin Nguru kafin a kai makiyaya. Manyan shanu suka bi iyo, mata da 'yan maruƙa aka zuba su a kwalekwale. Mai tuƙin wani saurayi ne baƙi siriri, Babarbare daga Mangawan Gashuwa, ya zo Nguru cin rani da kamun kifi. Sunansa Madu. To kowa ya san abin da ke tsakanin Barebari da Fulani: abokan wasa ne tun kaka da kakanni, kowa na cewa ɗan'uwansa bawansa ne, duk abin da suka faɗa wa juna ba a kai shi gaban alƙali. Amma ran nan Asta ba ta da bakin wasa. Ta rungume ƙwaryar kindirmonta, ta kafe ido a ƙasan jirgi, ko gefen mai tuƙin ba ta duba ba.

Suna tsakiyar ruwa sai jirgi ya karkata hagu, ya karkata dama. Mata suka sa salati, maraƙi ya yi kuka, ƙwaryar kindirmo ta kife a tafki har da faifanta. Nan tsoro ya saki bakin Asta. Ta ce masa mai kan tarwaɗa, ta ce ubanta ya sha sayen bayin da suka fi shi da ludayin tsala, ta ce wanda ya ba shi sandar tuƙi ya ci amanar sanda. Tun daga tsakiyar ruwa har gaɓa ba ta maimaita zagi ɗaya sau biyu ba. Shi kuwa Madu ya ce shi ba ruwansa, giwar ruwa ce, ƙaton kifin nan, ta bangaji jirgin ta ƙasa.

Washegari sai ga shi a ruga da kifi a kaba, wai ya zo biyan nono. Hamajoɗa ya toshe hanci ya ce a fitar masa da wannan abu daga cikin shanu. Madu ya tafi, ya dawo da goro. Ya dawo da kanwa. Ya yi ta dawowa har shanu suka daina ɗaga kai idan sun gan shi. Da maganar aure ta taso, tsohon ya aika a tambayi yarinya, ta ce ai dole wani ya sadaukar da kansa ya koya wa Barebari hankali. Aka ɗaura.

Haka 'yar ruga ta zama matar masunci a Gashuwa. Da farko ƙarnin kifi har amai yake sa ta, daga baya ta zama ita ake tambaya wane ice ne ke ba banda ja, wanne ke sa ta ɗaci. Ta haifi 'ya'ya, Allah ya karɓi wasu ya bar mata wasu. Manyan suka watse neman abinci, auta Sakinatu ta yi aure a Nguru, ta auri wani masunci mai suna Alamin. An yi shekarun fari, kogi ya zama yashi har yara suna ƙwallo a cikinsa. An yi shekarun ambaliya, suka kwana kan tudu da tukwane a ka. Duk wannan bai taɓa canza yadda gari ke waye wa gidan nan ba. Madu zai dawo daga masallaci ya tsaya a tsakar gida ya ce, “Fulata, kin tashi, ko sai an kaɗo ki da sanda kamar shanun babanki?” Ita kuma daga bakin murhu ta ce bawan babanta ya yi shiru ya zo ya karɓi kunu tun ba ta ba wa akuya ba. Ba ta taɓa kama sunansa ba, kunyar Fulani ba ta bari. Zagin nan shi ne sunan da ta raɗa masa.

Maganar giwar ruwa kuwa ba ta mutu ba. Duk sallah, duk suna, duk ranar da baƙi suka zo, sai an tone ta. Ita ta ce da gangan ya girgiza jirgin. Shi ya ce kifi ne, kuma kowace shekara kifin ƙara girma yake, har ya kai tsawon jirgin kansa. In ta matsa masa sai ya ce ta je ta tambayi ruwa.

To akwai abin da ruwan nan ke yi wanda sai 'yan ƙasa suka sani. A shekarar da aka yi cikar ruwa sosai, idan ya fara komawa, wani irin bado yakan fito a lungunan bayan tafki. Da rana ba ka bambanta shi da sauran bado, farin fure ne kan faffaɗan ganye. Sai rana ta yi ja, tsakanin la'asar sakaliya da magariba, ya buɗe ya kama haske da kansa, haske mai sanyi kamar an zuba farin wata a ƙwarya. Fitilar jiya ake ce masa. Wanda ya tsaya ya zuba masa ido, wata rana da ya taɓa yi a kan wannan ruwan takan dawo masa ɗungurungum, da zafin ranarta da ƙamshinta da muryoyin mutanen da ke cikinta. Ba kai ke zaɓar ranar ba. Ba a kuma tsinke shi a kai gida, da an cire shi ya mutu, ya zama bado kamar kowane. Malamai sun ce halitta ce cikin halittun Allah, ba a roƙonta komai, ba ta kuma ba da komai sai abin da ka riga ka mallaka.

Masunta suna da ƙa'idarsu a kansa. Wanda ya fara hango shi sai ya ɗaure kan ciyawa a bakin lungun, kada kowa ya jefa taru a wurin. Ba a zuwa kallo mutum ɗaya, don mai kallo yakan manta inda yake, ya saki sanda. Mutum biyu ke zuwa: ɗaya ya kalla, ɗaya ya juya wa furen baya ya riƙe jirgi. Kuma mai kallo magana yake yi a fili, duk abin da ya faɗa a wancan yinin sai ya sake fita daga bakinsa. Shi ya sa ba ka ɗaukar kowa ya riƙe maka sanda sai wanda ba ka jin kunyar ya ji cikinka. Madu ya sha hango hasken daga nesa ya kau da kai, yana cewa ya ajiye nasa sai ya tsufa. Asta ta ce wannan aikin marasa aikin yi ne, ita jiyanta tana nan cikin kanta ba ta ba kowa ajiya ba. Daga baya kacalla, doguwar ciyawar nan mai cinye hanyar ruwa, ta toshe lungunan. Aka daɗe ba a ga fitilar jiya ba, har yaran yanzu suka ɗauka tatsuniyar tsofaffi ce.

Tsufa ya zo wa Madu, wanda yanzu ake kira Ba Madu don girmamawa, ta inda ba a zata ba. Ƙafarsa lafiya, idonsa lafiya, haƙoransa ma sun fi na 'ya'yansa. Kai ne ya fara yoyo. Ya kafa tarkon kifi ya manta inda ya kafa. Ya je kasuwa ya rasa abin da ya kai shi. Ran nan wani mai keke ya dawo da shi daga bakin gada, ya ce ya same shi yana tambayar hanyar gidansa. Aka kai shi asibiti. Likita ya ce ciwon mantuwa ne na tsufa, ba shi da magani, sai dai a lallaɓa shi: kada a yi masa gardama, kada a ɗaga masa murya, a riƙa yi masa magana mai taushi.

Asta ta ɗauki maganar nan ta riƙe da hannu biyu, don tausayinsa ya kama ta har wuya. Ta naɗe bakinta ta ajiye. Da safe in ya ce Fulata kin tashi, sai ta ce, “Na tashi, Malam. Sannu, Malam. Ga kunu, a sha a hankali.” Ya dube ta, ya dubi kunun. Ko giwar ruwa ya ambata sai ta ce haka ne, kifi ne, babba kuwa. Maƙwabta suka yi ta yabo, wai ashe Ya Asta tana da laushi haka, Allah ya ba ta lada. Ita ma ta ɗauka abin kirki take yi.

Ba a daɗe ba ya daina kiran Fulata. Wata safiya ta kawo masa ruwan alwala, ya gyara zama ya gaishe ta da ladabi irin na baƙo, ya ce, “Wushe, baiwar Allah. Matar gidan ta fita ne?” Ta ce masa ai ita ce, ita ce Asta. Da taushin nan dai ta faɗa. Ya yi murmushi irin na wanda ba ya son ya kunyata mutum, ya ce Allah ya saka mata da alheri, amma shi matarsa Bafillata ce.

Daga ranar ya koma zaure da zama, fuskarsa na kallon hanya. Duk wanda ya wuce sai ya tambaye shi ko ya ga wata doguwar mace da ƙwarya. Abinci in an kawo sai ya ce a rufe, zai jira ta dawo su ci. Wataran ya ce ko ta bi shanun ubanta arewa. Wataran ya ce ko wani laifi ya yi mata. Rigarsa ta fara yi masa yawa, wuyansa ya fito. Asta tana iya jure ya manta sunan kogi, ya manta 'ya'yansa, ya manta ita kanta ma in ta kama. Abin da ya hana ta barci shi ne mutumin nan ya koma ga Allah yana zaton ta gudu ta bar shi, alhali ga ta nan tana wanke masa ƙafa.

Daminar da ta biyo baya aka yi ruwa kamar ba za a daina ba. Kafin nan kuma mutanen garuruwan bakin tafki sun yi gayya sun sare kacalla, sun buɗe tsofaffin hanyoyin ruwa. Da kaka ta yi, sai ga wayar Sakinatu. Ta ce, Dada, Alamin ya ga haske a lungun nan da Fulani ke ƙetarewa da, har ya ɗaure ciyawa. Asta ta sa aka maimaita mata wane lungu. Ta ajiye wayar, ta daɗe tana kallon bayan mijinta a zaure. Matar da ta ce kallon fure aikin banza ne, ita ce ta kulle bandarta a ɗaki ta ce a nemo musu mota.

A hanya, sun wuce Jajimaji, ya juyo ya tambaye ta cikin ladabi ina za ta kai shi. Ta ce wajen matarsa. Ya gyara hularsa, ya kakkaɓe gaban rigarsa.

Sai maganar wanda zai riƙe sanda. Alamin ya ce shi zai kai su, ya san lungun kamar tafin hannunsa. Asta ta ce a'a. Suruki ba ya zama ya ji abin da uban matarsa ya faɗa yana saurayi, in ya ji da wane ido za su ƙara duban juna? Sakinatu ta ce to ita. Asta ta ce ita ma 'ya ce, kuma ga ciki ya tsufa. Aka duba aka duba, ba wanda ya rage sai mai tsoron ruwan da ya wuce gwiwa. Shekara arba'in da ɗoriya tana auren mai jirgi, ba ta taɓa taɓa sandar tuƙi ba sai in za ta kori kaji da ita.

Sakinatu ta kai ta koyon tuƙi bakin tafki inda mata ke wanki, ta sa ta a jirgi, ta tsaya a gaɓa tana ba da umarni. Jirgi ya yi ta juyi a wuri ɗaya kamar jakin da aka ɗaure a turke. Masu wanki suka bar wanki suka zauna kallo. Wata ta ce a kira mutanen Machina su zo su ga 'yarsu ta zama Sarkin Ruwa. Asta ta haɗiye amsar, ta kuwa san amsar, don ta saba haɗiyewa a 'yan watannin nan. Ta faɗa ruwa, aka tsamo ta, ta koma. Sai da ta gane cewa jirgi ɗan'uwan bijimi ne mai taurin kai, in kana so ya yi dama ta hagu za ka taɓa shi a gindi, sannan abin ya fara miƙewa. Ba ta iya ba, amma ta iya tsayar da shi wuri ɗaya, shi ne kuma abin da ake bukata.

Ranar da za su, bayan la'asar Alamin ya ɗaura jirginsu a bayan nasa ya ja su har bakin lungun, inda aka ɗaure kan ciyawa. Nan ya kwance igiya, ya koma nesa inda zai hango su amma ba zai ji su ba. Asta ta zaunar da Madu a gaba, ta tura jirgin a hankali cikin ganyen bado, tana bismilla a kowace turawa. Da ta hango farin furen bai buɗe ba tukuna, ta kafa sanda a laka, ta juya masa baya, ta riƙe da hannu biyu.

Rana ta yi ja. Tsuntsaye suka yi ta wucewa zuwa makwanci, sauro ya fara kiɗa a kunne. Ita dai ciyawa take kallo. Can sai ta ga ciyawar ta fara fari daga ƙasa, ta ga inuwarta ta miƙe a kan ruwa ta gabanta, ta ga hannuwanta a jikin sanda, duk jijiya da ƙunar banda, sun yi haske kamar an wanke su da madara. Wani ƙamshi ya taso, ba na fure ba, kamar na ƙasa in an yi ruwan farko. Wuyanta ya yi ta ƙaiƙayin juyawa. Ta cije.

Sai ta ji murya a bayanta, muryar da ta manta ta taɓa saninta, sakakkiya mai ƙarfi. Yana cewa mata su matsa tsakiya, a riƙe ƙafar maraƙin nan kada ya yi tsalle. Yana tsokanar wata tsohuwa wai Fulani sun iya tafiyar ƙasa amma ruwan kwano na kayar da su. Ya yi dariya. Sannan ya rage murya, kamar mai magana da abokinsa a kan jirgi, ya ce, “Kai, dubi waccan mai ƙwaryar. Tun daga gaɓa ko sau ɗaya ba ta dube ni ba. Tsaya ka gani, yanzu za ta san da mutum a nan.”

Jirgi ya karkata hagu. Ya karkata dama. Tsoho ya dafa gefe da gefe yana girgizawa da ƙarfin da ba wanda ya san yana da sauransa. Ruwa ya shigo ya jiƙa mata zani, sanda ta nemi kuɓucewa, ga duhun laka a ƙasa ba ta san zurfinsa ba. Likita da nasiharsa, maƙwabta da yabonsu, tausayin wata da watanni, duk suka bi ruwa. Ko juyowa ba ta yi ba.

“Kai mai kan tarwaɗa, za ka zauna ko sai na kwantar da kai da sandar nan? Ashe da gangan ne. Shekara da shekaru kana ɗora wa kifin Allah laifi, baƙin Babarbare, bawan da babana ya saya da ludayin tsala aka cuce shi. Ka kifar mini da nono ina yarinya, yanzu kuma da furfurata za ka kifar da ni? Wallahi in na nutse sai na riƙe ƙafarka.”

Jirgin ya tsaya cak. Ba abin da ake ji sai ruwa na ɗiga daga gefensa. Ta tuna abin da likita ya ce, ta buɗe baki za ta ce sannu Malam.

“Fulata?” Wannan karon muryar tsoho ce, ta yau. “Ke ce? Ina kika shiga haka?”

Ta ce tana nan, ina za ta, wa zai karɓe ta bayan ta gama ƙarewa a bautar Barebari.

“Wata mata aka ajiye mini a gida,” in ji shi. “Mai kirki ce, ba ta da laifi. Amma ta kusa kashe ni da sannu.”

Asta ta tsaya da bayanta a juye, hawaye na bin kumatunta suna shiga baki, ba hannun sharewa don duka biyun suna kan sanda. Can sai ta ce to yanzu dai ruwa ya ba da shaida, ta ji da kunnenta, babu wata giwar ruwa. Ya ce giwar ruwa ce, ita me ta sani a kan kifi. Sannan ya tambaya wane maƙiyinsa ne ya koya mata riƙon sanda kamar mai korar maruƙa. Ya taso a hankali, ya zagayo ta gefenta, ya karɓi sandar. Kansa ya manta hanyar gidansa, amma hannuwansa ba su manta komai ba. Tura ɗaya ya fitar da su daga cikin badon. Hasken ya yi ta raguwa a kan ciyawa har ya ɓace, suka iske Alamin yana jira, ana kiran magariba daga cikin gari. Daren nan Ba Madu ya cinye burabuskon da Sakinatu ta tuƙa, ya ce miyar ba gishiri, ya nemi ƙari.

Kada wani ya ce fure ya warkar da shi. Bai warke ba. Har yau yakan tambayi ko an yi azahar bayan ya idar da ita, jikokinsa kuwa duk suna ɗaya yake kiransu da shi. Washegarin dawowarsu Gashuwa ma da wushe baiwar Allah ya tashi. Sai dai yanzu Asta ta san inda ta yi kuskure. Ta dire masa kwanon kunu ta ce baiwar Allah tana gidan ubanta, shi dai bawan Fulani ya karɓa ya sha tun ba ta ba wa akuya ba. Ya dube ta, ya dube ta, sai gefen bakinsa ya motsa. Ya ce Fulata, yau ma kin ƙona shi.

Wata rana abin ba ya ci, sai ta zage shi tas ya yi mata godiya. Irin wannan ranar takan zauna kusa da shi a zaure su yi jiran matarsa tare, ta ba shi labarin cewa ta ga matar a kasuwa tana nan tafe, ta ce a gaya masa ya ci abinci. Amma ranakun da abin ke ci sun fi yawa, rigarsa kuma ta daina yi masa yawa. Maƙwabtan da suka yabe ta da, yanzu su ne ke jin ta ta kan katanga suna salati. Wata har ta shigo ta yi mata wa'azi a kan haƙƙin miji mara lafiya. Asta ta saurare ta har ƙarshe, ta ce ta gode, ta kuma tambaye ta ko nata mijin, mai cikakken hankali, ya san launin zanin da ta ɗaura yau.

Ta koma bakin hanyar kogi da bandarta. Shi kuma tana shimfiɗa masa tabarma a gefenta, yana korar ƙuda da mafici yana gaya wa masu saye cewa kifin yanzu ba kifi ba ne, shi ya taɓa ganin giwar ruwa da ta ɗaga jirgi da mutum goma a ciki. Masu jin labarin furen sukan tambaye ta ko ba ta yi da-na-sanin ƙin waiwayawa ba, ga shi an ce ruwa ya janye, sai kuma wata shekarar in da rabo. Takan ce ta ga haskensa a hannunta, ya ishe ta. Sannan ta juya ta ce wa bawan babanta ya daina ba mutane ƙarya ya kori ƙudan nan da kyau, shi kuma ya ce ta je ta tambayi ruwa.